Warin tsami a adakar nagatif: da wace kalma ake nemansa a intanet?

Ɗan Mai Hoto, Ƙofar Marusa:
Assalamu alaikum, iyayena da yayyena na wannan zaure. Mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, ya yi sana'ar hoto a cikin birnin Katsina tun shekaru masu yawa kafin a ƙirƙiro jiha a 1987, kuma ya bar mana wata adakar ƙarfe cike da nagatif, wato robar fim ɗin da ake wanko hoto daga jikinta, wasu a cikin ambulan ɗin da ya rubuta sunan biki ko shekara a bayansu, wasu a naɗe cikin 'yan gwangwanaye. A makon jiya muka buɗe ta domin wata gwaggonmu ta nemi hoton aurenta, sai wani wari mai tsami irin na ruwan khal ya buge mu, har ƙanwata ta fita tsakar gida tana tari. Da na ɗaga wasu manyan nagatif ɗin zuwa hasken taga, na ga sun yamutse kamar ganyen da rana ta dafa, fuskar da hoton yake ta tattare ta yi jijiya-jijiya, a kan wasu kuma akwai wani farin gari mai ƙyalli kamar gishiri. Waɗansu kuwa, a cikin adakar nan ɗaya, lafiyarsu lau kamar jiya aka wanke su.

Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne binciken da na yi ta yi a waya har dare uku. Na rubuta "fim yana warin tsami", aka jero mini finafinan Kannywood. Na rubuta "nagatif ya lalace", aka kai ni ga bayanin gwajin asibiti. Na duba gefen fim ɗin na ga an buga SAFETY da ƙananan baƙaƙe, na rubuta shi, sai ga hulunan kwano da takalman ma'aikatan gini. A gefen wasu na ga ESTAR, na rubuta, sai ga darussan nahawun Sifaniyanci. Na faɗa ma wani shafi da babu komai a cikinsa sai kalmomi rututu waɗanda ba su da dangantaka da juna, da tallar magani a ƙasa. Don Allah, me ke cin waɗannan hotuna, kuma da wace kalma ake neman bayaninsa?

Malamar Kimiyya:
Wa'alaikumus salam, ƙanena. Allah ya gafarta wa Baba, ya sa aljanna ce makomarsa. Kafin komai, ka fitar da adakar daga ɗakin kwana zuwa wuri mai inuwa da iska, ka bar murfinta a buɗe, sannan ka ware masu wari daga marasa wari tun yau, domin abin yana yaɗuwa.

Kalmar da ta gagare ka ita ce "vinegar syndrome", wato lalurar da ke sa fim warin khal. Amma ba za ka fahimci dalilinta ba sai ka san cewa nagatif abu biyu ne aka haɗa. Akwai fuska, wadda ita ce siririn shafen da hoton yake ciki, an yi ta ne da jalatin, wato danƙon da ake tatsowa daga ƙashi da fatar dabbobi, musamman shanu, aka cuɗa shi da sinadarin azurfa mai jin haske. Akwai kuma shimfiɗa, wato robar nan mai kama da gilashi da ke ɗauke da fuskar. Tarihin fim kusan gaba ɗayansa tarihin neman shimfiɗar kirki ne, kuma iri uku aka yi: naitiret, da asitet, da foliyesta.

Naka mai warin nan asitet ne. Ana yin sa ne da zaren tsiro, na auduga ko na itace, wanda aka ɗaura masa asid ɗin nan da ke cikin ruwan khal. Idan zafi da danshi suka daɗe suna dukansa, ɗaurin yana kwancewa, asid ɗin ya fito, shi ne warin da kuka ji. Mugun abin shi ne asid ɗin da ya fito shi ke ƙara hanzarta kwancewar saura, kuma a cikin rufaffiyar adaka babu inda zai je sai ya shiga maƙwabtansa. Shimfiɗar takan tsuke, fuskar kuwa ba ta tsukewa tare da ita, shi ya sa take tattarewa ta yi jijiyoyin da ka gani. Farin garin nan kuma maganin da aka sa wa robar ne domin ta yi laushi, shi ne yake tsatsowa waje ya daskare. Rahotannin farko na wannan lalura daga Indiya suka fito, a shekarun 1950, inda aka ajiye finafinan gwamnati cikin zafi da laima, saboda haka ka ga yanayi irin namu ne ya fara tona asirinta.

Baba Majigi:
'Yata, Allah ya yi miki albarka, kin tuna mini da abin da na manta. Na yi aikin majigi ina saurayi, muna yawo da mota da janareta ƙauye-ƙauye, mu kafa farin ƙyalle a ƙofar gidan hakimi bayan sallar isha'i, mu nuna fim ɗin noman gyaɗa ko na rigakafi. Warin nan na san shi, domin akwai gwangwanayen da idan aka buɗe a ofis sai kowa ya kau da kai, mu dai cewa muke yi fim ɗin ya yi tsami, mu ajiye shi gefe. Amma abin da manyanmu suka fi tsoratar da mu a kai shi ne wuta. An hana mu ko kusantar gwangwanin da taba, ana ce mana fim idan ya kama ko a rijiya aka jefa shi ba zai mutu ba. To, idan haka ne, ɗana, ni shawarata kada adakar nan ta ƙara kwana a gidan da akwai yara. Turawan Kodak ɗin nan da suka ƙirƙiro fim sun bar mana abin tsoro.

Malamar Kimiyya:
Baba, ranka ya daɗe, gargaɗin manyanku gaskiya ne, amma a kan wani fim ɗin daban aka gada shi. Wanda yake ci ko a cikin ruwa shi ne naitiret, domin yana ɗauke da iskar da wuta ke buƙata a jikinsa, ɗan'uwan audugar albarushi ne. Idan majiginku mai faɗin milimita 16 ne, kamar yawancin na yawon ƙauye, to Kodak ta fito da wannan girman a 1923 a kan asitet tun daga farko, saboda an yi shi ne domin gidaje da makarantu. Kalmar SAFETY da ƙanenmu ya gani a gefe ma'anarta ke nan: wannan ba mai kamawa da wuta irin na da ba ne. Tsoron da aka koya muku ya fito ne daga gidajen silima masu fim ɗin milimita 35, wanda aka ci gaba da yi da naitiret har wajen 1951.

Mai Bin Tarihi, Daura:
Ina neman afuwar Baba in ƙara gyara guda, domin batun wanda ya ƙirƙiro fim sai da aka kai shi gaban alƙali. Robar naitiret ɗin kanta ta girmi Kodak. Wani Bature ɗan Ingila, Alexander Parkes, ya nuna irinta a baje kolin Landan na 1862, sannan wani ɗan Amurka, John Wesley Hyatt, ya gyara haɗin da kafur a wajen 1870, aka riƙa sayar da ita da sunan Celluloid, ana yin matajin kai da maɓallai da kwalar riga da ita. Kafur ɗin nan da iyayenmu mata ke sawa a cikin kaya shi ne mai tausasa ta. Kyamarar farko da George Eastman ya fitar da sunan Kodak a 1888 fim ɗin takarda ne a cikinta, mai ɗaukar hoto 100, sai a 1889 ya fara sayar da na roba mai naɗuwa. Amma tun 1887 wani limamin coci a garin Newark, mai suna Hannibal Goodwin, ya riga ya shigar da takardar neman haƙƙin mallakar irin wannan fim, ba a ba shi ba sai 1898, ya rasu a 1900 bai ci moriyar komai ba. Kamfanin da ya gaji haƙƙin nasa ya yi ta shari'a har 1914, inda Kodak ta biya dala miliyan 5.

Batun wuta kuwa, abin da Baba ya ji ba tatsuniya ba ce. A 1897 gobara ta tashi daga wurin na'urar nuna fim a wata kasuwar sadaka a Faris, mutum fiye da 120 suka mutu, yawancinsu mata. A ranar 15 ga Mayu 1929 hotunan ƙashi na asibiti, waɗanda a lokacin da naitiret ake yin su, suka kama a ɗakin ajiya na ƙarƙashin wani asibiti a Cleveland, mutum 123 suka rasu, akasarinsu hayaƙin mai guba ne ya kashe su. A ranar ƙarshe ta wannan shekarar kuma, a garin Paisley na Sukotlan, gwangwanin fim ya fara hayaƙi a wani gidan silima cike da yara, aka yi turmutsutsu, yara kusan 70 suka mutu. A 1937 rumbun ajiyar kamfanin Fox ya ƙone a New Jersey da tarin tsofaffin finafinansa. Binciken da babban ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin 100 na dogayen finafinan ƙasar na zamanin da ba a sa murya sun ɓace baki ɗaya, kuma wannan roba tana da kaso babba a asarar.

Ɗan Mai Hoto, Ƙofar Marusa:
Yaya, na gode, Malam na Daura, na gode, amma yanzu kun ƙara mini fargaba. Baba ya gaji wasu kaya daga maigidansa wanda ya koya masa sana'ar, kuma a ƙasan adakar akwai wasu manya da suka yi ruwan zuma, suna ɗan danƙo. Ta yaya zan san ko akwai naitiret a ciki?

Ɗan Zamani:
Abin ai mai sauƙi ne, abokina. Ka yanki ɗan gefe ka kyasta masa ashana a waje. Idan ya kama farat ɗaya ka san shi ne. Ni a ganina ma wahalar ba ta da amfani. Ka sami mai na'urar sikana ya kwafe maka su duka cikin kwamfuta, ka zubar da robar, ka huta da wari da tsoron gobara.

Ma'ajin Takardu:
Ɗan Zamani, ka yi haƙuri, shawararka biyu duka ba zan bari su wuce ba. Gwajin ashana masana suna yinsa, amma da ɗan yanki kamar ƙwayar shinkafa, nesa da sauran, da ruwa a kusa, ba a gidan da yara ke kai da kawo ba, kuma ba a hannun wanda bai taɓa ganin yadda abin ke ci ba. Akwai hanyoyin da ba sa buƙatar wuta. Na farko, a karanta gefen: masu yawa an buga musu NITRATE ko SAFETY ƙarara. Na biyu, a duba shekara, domin Kodak ta daina yin hotunan asibiti da naitiret a 1933, ta daina na ƙaramin naɗin milimita 35 na kyamarar hannu a 1938, manyan falle-falle na ɗakin hoto a 1939, sauran naɗaɗɗun kyamara kuma a 1950. Hoton da aka ɗauka bayan samun 'yancin kai da wuya ƙwarai ya zama naitiret, sai dai na maigidan Baba, idan ya kai zamanin Sarki Dikko, wanda ya rasu a 1944, ko farkon sarautar Usman Nagogo. Na uku, a lura da yadda yake lalacewa: naitiret yakan koma ruwan zuma, ya yi danƙo, ya yi kumfa, daga ƙarshe ya zama gari mai launin ƙasa, warinsa kuma ba na khal ba ne, wani ɗoyi ne mai hawa kai. Waɗanda ka kwatanta, ƙanena, ka ɗauke su a matsayin naitiret har sai an tabbatar, ka raba su ɗaya-ɗaya cikin ambulan ɗin takarda, ka nisanta su da madafi da rufin kwano. An taɓa gwadawa a Amurka aka ga lalataccen naɗi a cikin gwangwani ya kama da kansa a zafin digiri 41, kuma kowa ya san abin da Katsina ke yi a watan Afrilu. Haɗarin ya fi yawa ga manyan naɗi da aka matse wuri guda, 'yan falle a rarrabe ba su kai haka ba.

Batun a kwafe a zubar kuwa, a kwafe dai, wannan wajibi ne, kuma a fara da waɗanda suka fi jin jiki. Amma wa a cikinmu yake iya buɗe hotunan da ya ɗauka da wayarsa ta farko? Ni na ga katin ajiya ya mutu da hotunan suna da na walima a cikin shekara biyar, ga kuma nagatif ɗin da ya haura hamsin ana ɗaga shi a gane fuskar kowa. Fim ɗin Shaihu Umar da Adamu Halilu ya shirya a 1976 an daɗe ana zaton ya ɓace, da aka gano naɗinsa a ajiyar hukumar finafinai ta ƙasa sai aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a 2018. Da wani ya kwafe shi a kaset ɗin bidiyo ya zubar da asalin, da yau dishi-dishin kaset kaɗai ya rage.

Ɗan Zamani:
Na karɓi gyara a kan ashana, Malam. A kan ajiya kuwa har yanzu ina da ja, domin Malama ta ce abin ba ya tsayawa idan ya fara. Mene ne amfanin riƙe abin da ka san ƙarshensa shara ne?

Malamar Kimiyya:
Ba ya komawa baya, amma ana rage masa gudu ƙwarai da sanyi da bushewa, kuma ba duka adakar ce ta kamu ba. Waɗanda aka buga wa ESTAR, alal misali, ba ruwansu da wannan lalura. Su ne iri na uku, foliyesta, wanda ba daga tsiro aka samo shi ba, daga sinadaran man fetur aka haɗa shi, dangin robar gorar ruwan da muke sha. Wasu masana biyu, Whinfield da Dickson, suka gano shi a Ingila a 1941, kamfanin DuPont ya fara yin shimfiɗar fim da shi da sunan Cronar a tsakiyar shekarun 1950, Kodak ta biyo baya da nata sunan, wato Estar. Ba ya tsami, ba ya tsukewa sosai, har ana ƙiyasta wa ƙaramin fim ɗin adana takardu da aka yi da shi shekara 500 idan an wanke shi daidai an kuma ajiye shi daidai. Aibinsa ƙarfinsa ne: ba ya tsinkewa, saboda haka idan ya maƙale a cikin na'ura, haƙoran na'urar ne ke karyewa, kuma gam ɗin da Baba Majigi ya saba haɗa fim da shi ba ya kama shi. Wannan na daga cikin dalilan da suka sa yawancin fim ɗin kyamarar hannu ya zauna a kan asitet, kwafin da ake kaiwa gidajen silima ne suka koma foliyesta a shekarun 1990.

Akwai kuma wasu 'yan takardun gwaji da wata cibiya a Rochester ta ƙirƙiro, ana ce musu A-D Strips. Shuɗaye ne, a jefa ɗaya cikin ambulan ko gwangwani a rufe. Idan asid ya fara fita sai ta koma kore, idan ya yi yawa ta koma rawaya. Hanci ma yana aiki, sai dai kafin ya ji, abin ya riga ya yi nisa.

Mai Gyaran Kwamfuta, Sabon Layi:
Ni bari in koma kan rabin tambayar da aka bari, wato dalilin da ya sa mutum mai hankali ya yi dare uku bai sami abin da Malama ta faɗa a layi ɗaya ba. Injin bincike ba ya jin wari, kalma yake bi, kuma yana fifita ma'anar da mutane suka fi nema. Duk kalmomin wannan fanni wani ya riga ya mamaye su. Fim a wurinmu ya zama na Kannywood. Estar kalma ce ta yau da kullum a Sifaniyanci, mai ma'anar kasancewa, masu koyon harshen kuwa sun ninka masu tsohon nagatif sau dubbai. Ka rubuta naitiret da Turanci a kai ka ga takin zamani, ka rubuta asitet a kai ka ga firam ɗin tabarau da magunguna. Celluloid kuma ya zama kirarin sana'ar fim gaba ɗaya, duk da an daina yin fim da ainihin robar tun wajen 1951. Dabarar ita ce a haɗa kalma biyu waɗanda babu inda suke haɗuwa sai a fannin da ake nema, kamar Estar da Kodak, ko a sa jimla tsakanin alamun zance domin a nemo ta yadda take, ko a sa alamar ɗebewa a gaban kalmar da ba a so.

Shafin nan mai kalmomi rututu da ka faɗa, tarko ne. Google ta sha faɗa cewa kusan kashi 15 cikin 100 na abin da ake nema kowace rana ba a taɓa nemansa ba, kuma irin waɗannan kalmomi da ba kowa ke rubutu a kansu ba tamkar fili ne da babu mai shi. Masu neman kuɗin talla sukan tara dubban baƙin kalmomi, sunayen tsofaffin kaya da lambobin na'urori da sauransu, su zuba a shafi guda, domin duk wanda ya nemi ɗaya ya faɗo hannunsu tun da babu wani shafin da zai yi gogayya da su. A da a ɓoye ake cusa su a bayan shafi, har Google ta sanar a 2009 cewa ba ta duba wannan ɓoyayyen jerin wajen jera sakamako, sai suka koma zuba su a fili. Wasu masu bincike biyu, Michael Golebiewski da danah boyd, sun yi rubutu a 2018 a kan irin wannan giɓi, suna nuna yadda masu yaɗa ƙarya ma ke cin moriyarsa. A Hausa giɓin ya fi faɗi, ga kuma matsalar baƙaƙe masu lanƙwasa: wani ya rubuta ƙura, wani kura, wani k'ura, kalma ɗaya ta rabu gida uku, ɗaya daga ciki ma dabba ce.

Malamin Hausa:
Wannan bayani ya kai ni inda nake jira. Matuƙar babu rubutun Hausa a kan lamarin, wanda zai buɗe adakar mahaifinsa gobe a Dutsin-ma ko Funtuwa zai sake faɗawa ramin nan. Sai mu tsayar da suna. Ni ban gamsu da "cutar khal" ba, domin khal ba kalmar kowane gida ba ce, kuma mai bincike zai faɗa cikin shafukan masu maganin gargajiya. Baba Majigi ya riga ya ba mu abin da masu sana'ar ke faɗa da bakinsu, cewa fim ya yi tsami, saboda haka "tsamin nagatif" ya fi, tun da kalmar nagatif ta kuɓuta daga Kannywood. Ba baƙon abu ba ne mu sarrafa irin waɗannan kalmomi. Majigi kanta daga sunan fitilar nuna hoto ta Turawa aka aro ta, ta zauna daram har ba a jin baƙuntarta. Haka kuma "fuska" da "shimfiɗa" da Malama ta yi amfani da su sun fi duk wata fassarar da zan iya ƙagowa.

Malamar Kimiyya:
Allah ya gafarta Malam, ina da ƙaramin ja. Lalurar ba nagatif kaɗai take kamawa ba, tana cin fim ɗin majigi, da ƙaramin fim ɗin adana takardu irin na ɗakunan tarihi, har da wasu tsofaffin zaren ɗaukar murya. Idan muka ce tsamin nagatif mun ƙuntata ta. Kuma ina so duk inda aka rubuta sunan Hausa a ajiye na Turancin kusa da shi sau ɗaya a cikin jimla, domin shi ne mabuɗin da zai kai mutum ga hotuna da bayanan da ba mu da su tukuna.

Malamin Hausa:
Na yarda da na biyun. Na farkon kuwa, wanda yake neman taimako da abin da ke hannunsa yake bincike, kuma a gidajen Katsina nagatif ne ke cikin adaka, ba zaren murya ba. A sa "tsamin nagatif" a take, a ambaci "tsamin fim" a ciki, injin ya kama duka biyun. Idan Malama za ta rubuta bayanin kimiyyar, ni zan daidaita rubutun mu sa a Wikipedia ta Hausa.

Ɗan Mai Hoto, Ƙofar Marusa:
Na bi shawararku tun safe, na shimfiɗa tabarma a zaure na ware su kashi uku. Ambulan 31 suna wari, fiye da 60 ba sa yi, masu ruwan zuman nan kuma guda tara ne, biyu daga cikinsu na hango NITRATE a gefe da taimakon tocilan, ɗaya hoton wasu mahaya ne da rawuna a gaban wata ƙofar gari da ban gane ba tukuna. Hoton Gwaggo yana cikin masu wari, gefensa ya fara lanƙwashewa amma tsakiyar lafiya lau. Na manna farar takarda a gilashin taga, na ɗora shi a kai, na ɗauka da waya, na juya launin, sai ga ta zaune da lalle har gwiwar hannu, ƙawayenta biyu a tsaye a bayanta. Na tura mata, ta kira ni tana faɗa mini sunayensu. Tambayata ta ƙarshe: tun da sanyi ne maganin, in sa su a firjin gida?

Ma'ajin Takardu:
Kada ka sa, ƙanena, sai idan kana da wutar da ba ta yankewa. Firjin da zai yi sanyi da dare ya huce da rana raɓa yake tarawa, ita kuwa raɓa tana narkar da fuskar hoton ta kawo funfuna, ga abinci a kusa da naitiret. Idan akwai ɗakin ƙasa a gidanku, irin ginin da mai kaurin bango, ya fi kowane ɗakin kwano. Ka sa su a kwali a kan kanta, nesa da bango saboda gara, masu warin a wani ɗaki dabam, ka riƙa duba su idan damina ta kama. Ka sake musu sababbin ambulan, amma ka kwafe rubutun Baba da fensir a kan kowace kafin ka rabu da tsohuwar, har da wanda ba ka gane ba. Guda taran nan kuwa ka ɗauke su a waya yau, ka riƙe su ta gefe da hannu mai tsabta, sannan ka turo mana na mahayan nan a zaure, wataƙila Baba Majigi ko Malam na Daura su gane ƙofar.

Baba Majigi:
Turo shi, ɗana, amma ka ƙara masa girma, idona ba kamar da ba. Ka kuma duba ko ka juya shi daidai, domin idan ka ɗauki nagatif ta baya, hannun dama zai koma hagu, sai mu yi ta musu a kan ƙofar da ba ita ba.